William Labov: Masanin da Ya Auna Lafazin Jama'a, Ya Gano Tsarin Al'umma a Cikinsa

A shekarar 1984, wani mutum ya riƙa buga waya ofishin kamfanin jiragen sama na Pan Am a filin jirgin Los Angeles, yana barazanar cewa bam zai tashi a jirginsu. An naɗi muryarsa a kaset. Da shugabannin kamfanin suka saurara, sai suka ce sun shaida mai ita: wani ma'aikacinsu ne mai lodin kaya, wanda dama an san yana da ƙorafi a kan kamfanin. Shi dai a yankin New York ya tashi, mai barazanar kuma da jin maganarsa mutumin gabashin Amurka ne, su kuwa mutanen California duk lafazin gabas ɗaya ne a kunnensu. Aka kama ma'aikacin, ya kwashe wata 15 a tsare.

Daga baya kaset ɗin ya kai hannun wani farfesa a Jami'ar Pennsylvania. Yana saurara ya san an kama wanda bai ji ba bai gani ba. Mai barazanar yana furta kalmomin Ingilishi "bomb" da "off" da wasali iri ɗaya, yadda mutanen Boston da kewayenta suke yi, alhali a bakin ɗan New York wasula biyu ne mabambanta. Farfesan ya auna wasulan da na'ura, ya zana su a takarda, ya tsaya gaban kotu a 1985 ya yi bayani dalla-dalla. Alƙali ya gamsu, ya wanke mutumin.

Farfesan shi ne William Labov, wanda ya rasu ranar 17 ga Disamba, 2024, a Philadelphia, yana da shekara 97. Shi ake ɗauka uban reshen ilimin walwalar harshe da ke auna bambancin magana da ƙididdiga. Ya yi fiye da shekara 60 yana bin tambaya guda: me ya sa mutanen da ke jin harshe ɗaya, a gari ɗaya, ba sa furta shi iri ɗaya, kuma me wannan bambanci ke faɗa game da zamansu? Amsar da ya kawo ita ce, abin da ake ɗauka sakaci ko lalacewar harshe yana da tsari, ana iya auna shi, kuma yana bin sawun matsayi da shekaru da jinsi da unguwa, har da inda zuciyar mutum ta karkata.

Yadda ake yi kafin zuwansa

Nazarin karin harshe ya girmi Labov nesa ba kusa ba. Tun 1876 Georg Wenker ya fara aika jimloli ga malaman makarantun Jamus domin su mayar da su karin garuruwansu. A Faransa, Edmond Edmont ya zaga wurare 639 daga 1897 zuwa 1901, yana tattara kalmomi domin taswirar harshe ta Jules Gilliéron. A Ingila, binciken da Harold Orton ya jagoranta daga 1950 zuwa 1961 ya ratsa wurare 313. Aiki ne mai daraja, sai dai wanda suke nema kusan kullum iri ɗaya ne: dattijo, namiji, ɗan ƙauye, wanda bai yi yawon duniya ba. Shi ake gani ya riƙe harshe na asali. Birni kuwa an yi watsi da shi, ana cewa maganarsa gauraye ce mara kan gado.

A wani ɓangaren, tun daga 1957 Noam Chomsky ya ja hankalin masana zuwa nahawun da ke cikin ƙwaƙwalwar ɗan Adam. Mai bin wannan hanya yana iya zama a ofishinsa, ya ƙirƙiri jimla, ya tambayi kansa ko ta zauna daidai. In aka ji mutum ya furta kalma ɗaya iri biyu a zama guda, sai a ce son rai ne kawai, a wuce. Akwai ma manyan masana da suka tafi a kan cewa ba a iya ganin sauyin furuci yayin da yake faruwa, sai bayan ƙarnuka sun shuɗe a tsinci sakamakonsa a tsofaffin rubuce-rubuce.

Labov bai shigo ta ƙofar da aka saba ba. An haife shi ranar 4 ga Disamba, 1927, a jihar New Jersey. Ya karanci Ingilishi da falsafa a Harvard, ya gama a 1948, sannan ya shafe fiye da shekara goma yana haɗa tawadar ɗab'i a kamfanin iyalinsu. Sana'ar ta bar masa halaye biyu. Tawada ko ta kama ko ba ta kama ba, ra'ayin mai haɗa ta ba ya sauya komai, don haka ya saba da cewa kowane zato sai an gwada shi. Sannan ya zauna da masu juya injin ɗab'i da leburori, ya ji irin kaifin basira da iya zancen da ke bakinsu. A 1961, yana da shekara 33, ya koma karatu a Jami'ar Columbia, ya faɗa hannun Uriel Weinreich, masanin harshen Yiddish da cuɗanyar harsuna, wanda bai kai shekara biyu da girmarsa ba.

Masunta da baƙin hutu

Aikinsa na farko a Martha's Vineyard ya yi shi, wani tsibiri da ke gaɓar jihar Massachusetts. Mazaunansa na dindindin ba su kai 6,000 ba a lokacin, amma duk lokacin zafi baƙi wajen 42,000 ke kwararowa hutu, masu kuɗin cikinsu suna saye filaye da gidajen da kakannin 'yan tsibirin suka gina. Kamun kifi yana ja da baya, abinci ya koma hannun baƙi.

Labov ya lura da wani ɗan ƙaramin abu. A kalmomi irin "right" da "house", wasu 'yan tsibirin ba sa buɗe baki sosai a farkon wasalin, sai sautin ya fito daga tsakiyar baki. Ya yi hira da mutum 69 daga ƙauyuka da sana'o'i da shekaru daban-daban, ya ba kowane furuci maki, ya kwatanta da abin da masu taswirar harshe suka rubuta a tsibirin tun shekarun 1930. Da a ce harshe yana bin masu yawa da masu kuɗi ne kawai, da wannan furuci ya kama hanyar ɓacewa. Sai ya tarar ƙaruwa yake yi. Ya fi ƙarfi a bakin masuntan yankin Chilmark na tsibirin, waɗanda suka fi kowa jin zafin mamayar baƙi, da kuma masu shekara 31 zuwa 45, waɗanda suka samu damar barin tsibirin amma suka zaɓi zama. A cikin 'yan makarantar sakandare, samarin da ke shirin tafiya babban yanki neman aiki ba su cika yin sa ba, masu niyyar zama gida kuwa sun riƙe shi gam. Matasa 'yan asalin Fotugal da na ƙabilar Wampanoag, waɗanda su ma ke son a san tsibirin nasu ne, sun bi sahu.

Babu ɗayansu da ya san yana yin haka. Wasalin ya zama shelar cewa mai magana ɗan ƙasa ne, ba tare da kowa ya shirya ba. Binciken, wanda aka buga a 1963, ya tabbatar da abu biyu: ana iya ganin sauyin furuci yana tafiya idan aka jera maganar tsofaffi da ta matasa, kuma abin da ke tura sauyin yana iya zama a zamantakewa, ba a harshe da haƙora kaɗai ba.

Hawa na huɗu

A New York, abin da ke raba mutane shi ne baƙin "r" idan ya biyo bayan wasali, kamar a "car" ko "four". Kafin Yaƙin Duniya na Biyu manyan birnin ba sa furta shi, kamar yadda manyan Landan ba sa yi har yau. Bayan yaƙin sai abin ya juya, furta shi ya zama alamar wayewa. Wannan kaɗai ya isa hujja cewa babu sautin da aka halitta da daraja: abin da ke ɗaukaka mutum a New York shi ne ake yi wa kallon ƙauyanci a kudancin Ingila.

A watan Nuwamban 1962 Labov ya zaɓi manyan kantuna uku a Manhattan: Saks Fifth Avenue na attajirai, Macy's na masu matsakaicin hali, da S. Klein na masu neman araha. Bai jera su da ka ba, sai da ya duba farashin kayansu da jaridun da kowanne ke talla a ciki. Yakan shiga kamar mai sayayya, ya tambayi ma'aikaci inda ake sayar da wani kaya da ya riga ya san yana hawa na huɗu, misali takalman mata. Amsar ita ce "fourth floor", kalmomi biyu kowacce da nata "r". Sai ya yi kamar bai ji ba, ma'aikacin ya maimaita a tsanake. Ya koma gefe ya rubuta abin da ya ji. Cikin sa'o'i shida da rabi ya samu amsar mutum 264.

A Saks, kashi 62 cikin 100 na ma'aikatan sun furta baƙin ko da sau ɗaya ne. A Macy's kashi 51, a Klein wajen kashi 20. Dukkansu ma'aikatan kanti ne, amma kowa yana aron darajar masu sayen da yake yi wa hidima. A cikin Macy's ma an samu tsani: masu kula da sashe a sama, masu sayarwa a tsakiya, masu jera kaya a ƙasa. Kuma ma'aikatan Macy's ne suka fi ƙara furta shi a karo na biyu, alamar sun san abin da ake so, suna miƙa hannu gare shi idan suka nutsu. An maimaita wannan gwaji a 1986 da 2009, aka sa wasu kantunan araha a madadin Klein da ya rufe. Furta "r" ya ƙaru a ko'ina, amma jerin bai sauya ba.

Gwajin kanti share fage ne. Babban aikin a unguwar Lower East Side aka yi shi, inda Labov ya bi gida-gida yana hira da mutanen da aka zaɓa bisa ƙa'idar ƙididdiga. Nan ya ci karo da matsalar da har yau ake koyar da ita a azuzuwa: mai bincike yana neman maganar da mutane ke yi lokacin da ba a sa musu ido, ga shi ba shi da hanyar samunta sai ya sa musu ido. Da zarar an ajiye rikoda a gaban mutum, sai ya ɗauko maganarsa ta fita kunya, kamar yadda ake ɗauko rigar Sallah daga ƙasan akwati. Dabarar Labov ita ce ya tambayi mutum ko ya taɓa shiga halin da ya ga mutuwa muraran. Mai ba da irin wannan labari yakan manta da rikoda, numfashinsa ya sauya, maganar gida ta fito. Daga nan sai a ba shi rubutu ya karanta, sai jerin kalmomi, sai kalmomi bibbiyu masu kama da juna, ana ƙara jawo hankalinsa ga bakinsa mataki-mataki.

Kowane rukuni na jama'a ya matsa zuwa furucin manya yayin da hankali ke ƙaruwa, wato duk birnin ya yarda da ma'auni ɗaya ko da ba kowa ke cika shi ba. Abin mamakin yana wajen masu ƙaramin matsakaicin hali, irin akawuna da sakatarori da ƙananan 'yan kasuwa. A hira suna ƙasa da manya, amma wajen karanta jerin kalmomi sai suka zarce manyan da suke kwaikwayo. Su ne kuma suka fi rashin yarda da bakinsu. 'Yan New York da yawa sun gaya wa Labov ba sa son jin maganar garinsu, wasu suka rantse suna furta "r" alhali rikoda ta nuna ba sa yi. Da wannan aiki ya samu digirin digirgir a 1964, aka buga shi littafi a 1966 da sunan The Social Stratification of English in New York City. Weinreich ya rasu a 1967 yana da shekara 40, amma kafin nan shi da Labov da Marvin Herzog sun tsara maƙalar da ta fito a 1968, wadda ta kafa ginshiƙin fannin: bambanci mai tsari ɓangare ne na lafiyayyen harshe.

Yaran Harlem

A tsakiyar shekarun 1960 tambayar da ta dami hukumomin ilimi a Amurka ita ce dalilin da ya sa yaran baƙar fata na unguwannin talakawa ke faɗuwa a karatu. Wasu masana halayyar ɗan Adam, irin su Carl Bereiter da Siegfried Engelmann, sun ce yaran suna zuwa makaranta kusan ba su da harshe, maganarsu guntaye ce marasa ma'ana. A 1969 Arthur Jensen ya kai maganar har ga gado da jini.

Daga 1965 zuwa 1968 Labov ya yi aiki a Harlem tare da Paul Cohen da wasu baƙaƙen fata biyu da suka san unguwar, Clarence Robins da John Lewis. Sun shiga cikin ƙungiyoyin samarin titi irin su Jets da Cobras da Thunderbirds, suna fita da su yawo, suna naɗar hirarsu da musunsu da wasan zagin da suke yi da juna. Misali ɗaya ya shahara. Robins ya zauna da wani yaro ɗan shekara takwas yana yi masa tambayoyi, yaron bai ba shi komai ba sai kalma ɗaya ɗaya da dogon shiru. Duk mai gwaji zai rubuta cewa yaron ba ya iya magana. Sai Robins ya dawo wata rana da soyayyen dankali, ya zo da babban abokin yaron, ya zauna a ƙasa don tsawonsu ya zo ɗaya, ya jefo zancen da yara ke yi a bayan idon manya. Nan take yaron ya ɓarke, yana katse abokinsa, yana gardama, yana kare kansa. Shirun farko na tsoro ne: yaro a gaban babba, a wurin da duk abin da ya faɗa zai iya zama laifi.

Labov ya kuma nuna ƙa'idojin da ke cikin Ingilishin waɗannan yara. Idan yaro ya ce "she nice" ya bar "is", ba ko'ina yake barinsa ba. Inda daidaitaccen Ingilishi ya yarda a taƙaita kalmar, nan ne kawai ake iya jefar da ita, inda bai yarda ba kuwa, kamar ƙarshen jimla, yaron Harlem ma ba ya jefarwa. Tsakanin "he working" da "he be working" akwai bambancin da ke tsakanin "yana aiki" da "yakan yi aiki", bambancin da daidaitaccen Ingilishi sai ya ƙaro kalma yake iya fitarwa. Ninka korewa a jimla ɗaya, wanda malamai ke kira rashin hankali, shi ne ƙa'ida a Faransanci da Sifaniyanci da Rashanci, kuma haka Ingilishin zamanin Chaucer yake. Maƙalarsa ta 1969 a kan hankalin da ke cikin Ingilishin da ba daidaitacce ba, da littafinsa na 1972 Language in the Inner City, sun karya ra'ayin rashin harshe a tsakanin masana.

Maganar ta kai kotu. A garin Ann Arbor na jihar Michigan, iyayen wasu yara baƙaƙe da ke makarantar firamare ta Martin Luther King sun kai hukumar makarantu ƙara, saboda ana jefa 'ya'yansu cikin rukunin masu matsalar koyo ba tare da la'akari da harshen gidansu ba. Farfesa Geneva Smitherman ta tara masana, Labov na cikin waɗanda suka ba da shaida. A Yulin 1979 Alƙali Charles Joiner ya umarci hukumar ta horar da malamai su san wannan kari, su yi amfani da saninsa wajen koya wa yaran karatu da daidaitaccen Ingilishi. Da irin wannan ƙura ta sake tashi a Oakland a Disambar 1996, Labov ya je gaban wani kwamitin Majalisar Dattawan Amurka a Janairun 1997 ya maimaita bayanin.

Wa ke jan harshe gaba?

A 1971 ya koma Jami'ar Pennsylvania, ya mayar da birnin Philadelphia ɗakin gwajinsa. Shekara bayan shekara yana tura ɗalibai unguwanni su zauna da mutane su naɗi hira, har aka tara muryoyin waɗanda aka haifa a tsawon fiye da ƙarni guda. Daga nan littafinsa mai juzu'i uku a kan ƙa'idojin sauyin harshe ya fito, a 1994 da 2001 da 2010.

Ya gano cewa sauyin da ke tasowa ba da sanin jama'a ba, ba daga attajirai yake farawa ba, ba kuma daga matalauta tuburan ba. Daga tsakiya yake tasowa, wajen ƙwararrun ma'aikata da ƙananan 'yan kasuwa. Jagororinsa galibi mata ne, irin waɗanda kowa a layi ya sani, ake zuwa wajensu shawara, kuma suna da hulɗa a wajen unguwar. Nan wani abu mai ɗaure kai ya bayyana: inda al'umma ta san furuci kuma ta yanke masa hukunci, mata sun fi maza bin wanda ake girmamawa, amma inda sauyi ke tafiya a ɓoye, su ne a gaba, sau da yawa da tazarar tsara guda.

Tare da Sharon Ash da Charles Boberg ya fitar da taswirar Ingilishin Amurka ta Arewa a 2006, bayan hira ta wayar tarho da mutum 762 a biranen Amurka da Kanada. Kowa ya zaci rediyo da talabijin sun narkar da lafuzza sun zama ɗaya. Taswirar ta nuna akasin haka: manyan yankuna suna ƙara nisa da juna. A biranen da ke kewaye da manyan tafkunan arewa, irin su Chicago da Detroit da Cleveland da Buffalo, wasula sun yi ta ture juna a jere, har "block" ta koma kamar "black" a kunnen baƙo, "bus" kuma kamar "boss". Mutum yana ɗaukar lafazi ne daga waɗanda yake magana da su ido da ido, musamman a yarinta da ƙuruciya. Wannan dalili ne ya sa ya tarar a shekarun 1980 cewa maganar baƙaƙe da ta fararen Philadelphia suna rabuwa, domin unguwanninsu a rabe suke.

Inda aka yi masa gyara

Hanyar Labov ta bazu, kuma waɗanda suka ɗauke ta sun nuna iyakarta. Peter Trudgill ya gwada ta a Norwich ta Ingila, ya buga sakamakon a 1974. Ya tarar mata suna cewa sun fi bin daidaitaccen furuci fiye da yadda suke yi, maza kuwa suna cewa sun fi yin na 'yan ƙwadago fiye da yadda suke yi. Ashe maganar talaka ma tana da darajarta ta ɓoye, ta mazantaka da amana. A Belfast, Lesley da James Milroy sun shiga unguwannin ma'aikata uku a matsayin abokin aboki, suka nuna cewa yawan cuɗanyar mutum da dangi da maƙwabta da abokan aiki ya fi albashinsa bayyana lafazinsa. Penelope Eckert, ɗalibar Labov, ta zauna a wata sakandare kusa da Detroit, ta ga cewa ƙungiyar da matashi ya zaɓa a makaranta ta fi sana'ar ubansa tasiri a bakinsa. Daga nan ta yi suka mai nauyi: mutane ba akwatunan ƙididdiga ba ne, suna amfani da lafazi su gina irin mutumin da suke so a gan su.

Ƙasashen Larabawa sun kawo gyara na dabam. Binciken Hassan Abdel-Jawad a Amman da na Niloofar Haeri a Alƙahira sun nuna maza sun fi mata furta harafin ƙaf irin na Larabcin littafi, mata kuwa sun fi karkata ga hamzar da 'yan birni ke sawa a madadinsa. Da farko an ɗauka wannan ya rushe abin da aka gano game da mata. Daga baya aka fahimci cewa a can harshen makaranta da masallaci daban, lafazin da ke nuna wayewar birni daban, alhali a New York abu ɗaya ne. Tsanin matsayi irin na Amurka ba ya hawa kowace al'umma. Wani wuri addini ne ke raba magana, wani wuri sarauta, ko sana'ar gado, ko zama ɗan gari da baƙo. Ko sauyin wasulan biranen tafkuna, binciken baya-bayan nan ya nuna matasa a wasu biranen sun fara ja da baya daga gare shi.

Bashin da ke kan mai bincike

Bayan shari'ar Ann Arbor, Labov ya rubuta a 1982 cewa masani yana da wajibi biyu: ya gyara kuskuren da ya yaɗu a cikin jama'a idan bincikensa ya ƙaryata shi, kuma ya yi amfani da abin da ya samo don amfanin mutanen da suka buɗe masa ƙofa. Ɗalibinsa John Baugh ya bi wannan hanya. Ya riƙa buga wa masu gidajen haya waya a yankin San Francisco da lafazi uku, na farare da na baƙaƙe da na 'yan asalin Meziko, yana faɗin magana ɗaya. A unguwannin da farare suka fi yawa, lafazi biyu na ƙarshe sun fi samun amsar cewa an riga an kama gidan. Sakamakon, wanda ya fito a 1999, ya ba masu yaƙi da wariya a harkar gidaje hujjar da za su riƙe.

Shi kansa Labov bai ɗauka an gama ba. Ya ga cewa cin nasara a muhawara bai sa yaran unguwannin talakawa sun iya karatu ba, don haka ya shafe shekarunsa na baya yana tsara littattafan koyon karatu da labaran da suka shafi rayuwar yaran, ɗaliban jami'arsa suna zuwa makarantun Philadelphia suna koyarwa. Giɓin karatun yana nan har yau, domin tushensa ya haɗa da talauci da rabon unguwanni da kuɗin makarantu, abubuwan da suka fi ƙarfin masanin harshe. Amma a tsakanin masana, babu mai mutunci da zai sake cewa yaro ba shi da harshe don bai yi maganar littafi ba, kuma wannan aikin Labov ne da abokansa.

Tambayar tasa ta shafi mai jin Hausa kai tsaye. Daidaitacciyar Hausa a kan Kananci aka gina ta, kuma tun ƙamusun Bargery na 1934 ake rubuta bambancin karuruwa: Bakano ya ce "suka zo", Basakkwace ya ce "sunka zo", wannan ya ce "biyar", wancan ya ce "biyat". Abin da hanyar Labov ke ƙarawa shi ne a bi mutum ɗaya daga gida zuwa kasuwa zuwa ofis, a ji inda yake sauya baki, a kwatanta kaka da jika, mace da namiji, ɗan birni da wanda ya zo ci-rani, a Kano da Kaduna da Sakkwato da Damagaram da zangon Kumasi. Ɗaliban sassan Hausa a Bayero da Ahmadu Bello da Usmanu Danfodiyo da Abdou Moumouni suna ɗauke da rikodar da ta fi ta Labov inganci a cikin wayoyinsu. Su nemi izinin mutane, su naɗi hirar yau da kullum, su ƙirga, su adana, su koma su gaya wa jama'a abin da suka samu. Malamin da ɗalibinsa ya rubuta "sunka zo" kuma ya koya masa "suka zo" domin jarrabawa, ya kuma gaya masa a gaban aji cewa Hausar gidansu tana da ƙa'idarta cikakkiya.